Su wa suka fito daga tsutsar karan dawa?

Tambaya: Ni malamin firamare ne, ina kuma taɓa noman dawa. Na tsaga wani kara da tsutsa ta huda, sai na tarar da tsutsar kwance ba ta motsin kirki, a gefenta ga wani curin farin abu kamar auduga, in ka duba da kyau ƙwayoyi ne kamar na shinkafa. Na sa a kwalba na rufe da tsumma. Bayan kwana biyar sai ga ƙananan ƙwari baƙaƙe masu fiffike sun cika kwalbar. Ƙwan tsutsar ne ya ƙyanƙyashe? Sabuwar annoba ce da zan yi wa feshi? In ba haka ba, su waye, kuma iri nawa ne?

Amsa: Malam, sannu da ƙoƙari. Mutum ɗari za su tsaga karan nan su yar, kai ka sa a kwalba ka jira, to rabin aikinmu na masu nazarin ƙwari ke nan. Kafin komai, ka koma gonar da kwalbar ka cire tsumman ka sallame su. Ba su daɗewa a duniya, kwana biyu ko uku babu abinci sun mutu, kuma asararka ce, domin su ne suka kashe maka tsutsar.

Farin abin ba ƙwai ba ne. Tsutsa ba ta yin ƙwai, ita kanta jaririya ce, sai ta rikiɗe ta zama malam-buɗe-littafin dare kafin a yi maganar haihuwa. Abin da ka gani ƙwanson zare ne da wasu 'yan tsutsotsi suka saƙa wa kansu bayan sun gama cin cikin babbar, sun huda fatarta sun fito. Uwarsu wata mitsitsiyar 'yar'uwar zanzaro ce da tsawonta bai wuce milimita 2 zuwa 3 ba, kuma yadda ka kwatanta, daga zuriyar da masana ke kira Cotesia take, ko wata ta kusa da ita. Ga yadda aka yi. Ta sauka a kan karan, ta bi warin kashin da tsutsar ke turowa ta bakin rami, ta kutsa ciki. Shiga ce ta sai-da-rai, don tsutsar ta ninka ta girma nesa ba kusa ba, tana cizo, tana tofo ruwan ciki, ramin kuma ba wurin juyawa. Uwaye da dama a nan suke barin ransu. Wadda ta yi sa'a sai ta soka tsinkenta, cikin 'yan daƙiƙu ta juye ƙwai gommai, ta fice. Tsutsar ta ci gaba da cin karanta kamar ba abin da ya same ta. Wajen mako biyu 'ya'yan na ciki suna shan ruwan jikinta, ba su taɓa gaɓoɓin da za su sa ta mutu da wuri, don mataccen nama ruɓewa yake yi. Sai sun ƙoshi suke fitowa kusan lokaci guda. A wannan matakin ka same su.

Wannan hanyar rayuwa tana da suna. Kaska da ƙwarƙwata suna ci a jikin mai rai, amma ba su son ya mutu, don in saniya ta faɗi kaska ta rasa gida. Gizo-gizo da ƙoƙi-ƙoƙi kuwa kisa suke yi nan take, kuma kafin su mutu sun ci ɗaruruwa. Naka suna tsakiya: ɗa ɗaya, ko 'yan ɗaki ɗaya, a kan ƙwaro ɗaya tak, ci sannu a hankali, ƙarshe kuma mutuwa ce babu makawa. Sannan cin naman galibi na yarinta ne, babbar yawo take yi tana lasar ruwan fure. Wani masani ɗan ƙasar Finlan, Odo Reuter, shi ya raɗa wa masu wannan ɗabi'a suna farasitoyid a 1913. Akwai ƙudaje masu yin haka, amma mafi yawan masu sana'ar dangin zanzaro ne. Da Hausa ba mu ware musu suna ba, kuma ban ga laifin kakanninmu ba. Rina ta samu suna don tana harbi, zanzaro don yana gini a ɗakunanmu. Abin da bai kai ƙwayar riɗi ba, ba ya cizo, ba ya ƙara, wa zai tsaya raɗa masa suna? A nan zan riƙa ce musu ƙananan zanzaro.

Rina, zanzaro, ƙudan zuma, tururuwa da cinnaka duk ƙabila ɗaya ce, sunanta Hymenoptera, kuma an rubuta sunayen nau'i fiye da 150,000 a cikinta. Gara ba ta ciki, ko da yake mutane na haɗa ta da tururuwa, ita 'yar'uwar kyankyaso ce. Tsofaffin littattafai sun raba ƙabilar gida biyu: Symphyta marasa ƙugu, waɗanda 'ya'yansu ke cin ganye da itace, da Apocrita masu siririn ƙugu. Ƙugun nan da ya sa muke ce wa wanda ya cusa riga cikin wando ya yi zanzaro, ba don ado aka yi shi ba. Shi ke ba mace damar lanƙwasa cikinta ta kai tsinken ƙwai duk lungun da take so. Masu ƙugun kuma aka sake raba su biyu, Aculeata masu harbi, da Parasitica masu zuba ƙwai a jikin wasu.

Rabon nan na biyu yana da sauƙin koyarwa, ni ma da shi aka koya mini, amma binciken DNA, wato sinadarin gado da ke jikin kowane mai rai, ya nuna ba haka bishiyar dangantakar take ba. Masu harbin ba kishiyoyin Parasitica ba ne, reshe ne da ya tsiro daga cikinsu. Wato kakan kakannin ƙudan zuma da tururuwa farasitoyid ne. A wannan ƙabilar, ɗabi'ar ta fara ne sau ɗaya, fiye da shekara miliyan 200 da suka wuce, a wurin wani ƙwaro mai bin tsutsar da ke cikin itace, kuma har yau akwai wani ɗan ƙaramin gida, Orussidae, da ke kan wannan tsohuwar sana'a. Ƙarin da rina ke harbinka da shi tsinken ƙwai ne da ya bar aikin haihuwa ya koma makami. Shi ya sa namijin rina ko na zuma ba ya harbi, ba shi da abin. Zanzaronmu na gida ma bai yi nisa da asali ba. In ka taɓa fasa ɗakin laka da ya gina a bango, ka ga gizo-gizo ko koren tsutsotsi jibge a ciki, ka taɓa su da tsinke za ka ga suna ɗan motsi. Ba matattu ba ne, dafi ne ya shanye musu jiki. Bambancinsa da naka shi ne shi yana ɗauko abincin ya kawo gida, su kuwa can inda suka same shi suke barin ɗa. Ƙudan zuma kuma daga irin waɗannan mafarauta ya fito, ya bar nama ya koma garin fure.

Gidaje biyu ne suka fi kowa jama'a. Na farko Ichneumonoidea, mai ɗaki biyu: Ichneumonidae da aka san nau'i wajen 25,000, da Braconidae wajen 20,000, inda Cotesia ɗinka take. Ka san ɗan Ichneumonidae ko ba ka san sunansa ba: siririn ƙwaron nan mai launin zuma, mai dogayen ƙafafu da doguwar eriya a ka, da ke zuwa wurin fitila da damina. Wasu 'yan ɗakin a dazuzzukan Amurka ta Arewa, zuriyar Megarhyssa, tsinken ƙwansu ya haura santimita 10, da shi suke haƙa busasshen itace su iske tsutsar da ke can ciki. Gida na biyu Chalcidoidea, ƙanana ƙwarai, da yawansu suna walƙiya kore ko shuɗi, eriyarsu a karye kamar gwiwar hannu. An san fiye da nau'i 22,000, amma masu aiki a kansu na hasashen za su kai 500,000. Bayan waɗannan akwai Platygastroidea da yawancinsu ƙwan wasu ƙwari suke bi, da Cynipoidea, da wasu ƙananan gidaje. Ɗaya daga ciki ina so ka san shi don baƙonka ne: Evania, baƙin ƙwaro mai dogayen ƙafafu da ke yawo a bangon bayan gida ko ɗakin girki, cikinsa ɗan ƙarami yana kaɗa shi sama da ƙasa kamar tuta. Mutane na kashe shi da takalmi. Shi kuwa jakar ƙwan kyankyaso yake nema ya zuba nasa a ciki, kuma ba ya harbin mutum.

Wasu sun tuba daga cin nama. Duk wanda ya taɓa ɓare ɓaure ya ga ƙananan ƙwari a ciki ya ga 'yan gidan Chalcidoidea. Su ne ke kai wa furen ɓaure barbara, don furen a cikin ɗan yake, ba mai isa gare shi sai su. Ceɗiya da durumi da gamji ma kowanne da nasa.

Game da yawansu, an daɗe ana koyar da cewa dangin buzuzu da ƙwaron wake, Coleoptera, su suka fi kowace ƙabilar dabba yawan nau'i, don an rubuta kusan 400,000. A 2018 Andrew Forbes na Jami'ar Iowa da abokan aikinsa suka ce a sake lissafi. Hujjarsu mai sauƙi ce. Suka ɗauki wasu ƙwari da aka yi wa bincike mai zurfi, suka ƙirga nau'in ƙananan zanzaron da ke bin kowanne, suka ga kusan kowane ƙwaro yana da nasa, wani ma fiye da ɗaya. In haka abin yake ko'ina, in ji su, Hymenoptera za ta ninka Coleoptera sau biyu da rabi zuwa uku. Ni dai hujjar ta gamsar da ni. Buzuzu babba ne, yana da kyau a akwatin gilashi, Turawan da suka fara tara ƙwari shi suka bi. Abin da sai da madubin ƙara girma ake gani baya aka bar shi.

Akwai kuma matsalar kama. A gandun Guanacaste na ƙasar Kosta Rika, Daniel Janzen da Winnie Hallwachs da mataimakansu sun shafe shekaru gommai suna yin irin abin da ka yi: a kama tsutsa, a sa a jaka, a ciyar da ita, a ga me zai fito. Da aka duba 'yan'uwan Cotesia da suka fito, ido ya raba su nau'i 171. Da aka gwada DNA, a sakamakon da aka wallafa a 2008, sai suka zama 313. Wani guda da ake ɗauka nau'i ɗaya ne mai cin tsutsotsi iri-iri, Apanteles leucostigmus, ashe nau'i 36 ne, kowanne da tsutsar da yake bi. Wannan shi ne sirrin yawansu. Ba su iya cin kowa da kowa ba. Kowanne ya ƙware a kan ƙwaro ɗaya ko 'yan kaɗan, a wani matakin rayuwarsa: wani ƙwai yake bi, wani ƙaramar tsutsa, wani babba, wani sai ta shiga ƙwanso. Ƙwaro ɗaya sai ya ɗauki maƙiya biyar ko goma, kowa da ƙofarsa.

Masu bin ƙwai dole su ƙanƙance, tunda duk abincin yarintarsu ƙwai ɗaya ne. Ƙwaro mafi ƙanƙanta da aka sani a duniya daga cikinsu yake, namijin Dicopomorpha echmepterygis, tsawonsa milimita 0.139, ba ido, ba fiffike, aikinsa kawai ya sadu da mace ya mutu. Wani kuma, Megaphragma, bai wuce milimita 0.2 ba, amma yana tashi, yana gani, yana neman abin da zai zuba wa ƙwai. Alexey Polilov na Rasha ya gano cewa in ya girma, mafi yawan ƙwayoyin ƙwaƙwalwarsa ba su da cibiyar da kusan kowace ƙwayar jikin dabba ke ɗauke da ita, an zubar don a samu wuri.

Ta fuskar yadda suke cin abin da suka kama, dabara biyu ce, kuma in ka gane su ka gane rabin ilimin. Wasu da zuwa sai su harbi tsutsa da dafin da zai shanye mata jiki har abada, su ajiye ƙwai a kan fatarta, ɗan ya ci daga waje. Waɗannan yawanci masu bin tsutsar da ke ɓoye ne, cikin kara ko iri ko zangarniya, don in a fili take, shanyayyiya ba ta kwana tururuwa ba ta ɗauke ta ba. Dabarar ba ta buƙatar sanin cikin tsutsar sosai, shi ya sa masu ita kan iya bin nau'i daban-daban. Sauran kuwa, irin naka, barin ta suke yi ta ci gaba da ci da girma da 'ya'yansu a cikinta. Riba ce, don abincin na ƙaruwa, amma akwai tsada. Jikin tsutsa yana da garkuwa. In baƙon abu ya shiga, ƙwayoyin jininta kan taru su lulluɓe shi rufi bisa rufi har ya shaƙe. Wanda zai zauna a ciki sai ya san yadda zai kwance wannan garkuwar, kuma ta kowane nau'i daban take.

A nan ne abin da ya fi ba ni mamaki a duk fannin yake. Cotesia da dubban 'yan'uwanta suna da bairos, wato wata mitsitsiyar ƙwayar cuta, na gado. Wajen shekara miliyan 100 da suka wuce wani bairos ya shiga jikin kakarsu, bai kashe ta ba, ya narke cikin DNA ɗinta, ya zama kayan gida da ake gada daga uwa zuwa 'ya. A mahaifar kowace mace ana ƙera ƙwayoyinsa, in za ta zuba ƙwai sai ta haɗa da su da dafi ta ɗura wa tsutsar. Bairos ɗin ba ya hayayyafa a can. Shiga yake yi ƙwayoyin jinin tsutsar ya hana su taruwa, ya kuma dagula mata girma don kada ta rikiɗe kafin baƙin su gama. Da aka wanke ƙwan aka cire bairos ɗin a ɗakin gwaji aka sa shi haka nan, jikin tsutsar ya shaƙe shi. A Kenya an ga yadda abin ke da tsauri: Cotesia sesamiae ta tsaunukan yamma tana iya girma cikin tsutsar kara Busseola fusca, wadda ita ma ke cin dawarmu, amma ta bakin teku in ta zuba ƙwai a cikinta sai garkuwar ta cinye su. Nau'i ɗaya, bambancin yana cikin bairos ɗin da kowace ta gada.

Wasu ba jiki kaɗai suke ƙwacewa ba, har da hali. A Brazil an ga tsutsar da 'ya'yan Glyptapanteles suka fito daga cikinta ta daina ci, ta tsaya a kan ƙwansonsu tana kaɗa kai da ƙarfi tana korar duk mai son taɓa su, har ta mutu a wurin. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. A Kosta Rika, William Eberhard ya bayyana wani da ɗansa ke manne a jikin gizo-gizo ta waje, a daren ƙarshe sai ya sa gizon ya bar saƙar da ya saba ya yi wata mai ƙarfi da za ta ɗauki ƙwanson ɗan, yana gamawa a cinye shi.

To yaya abin da bai kai ƙwayar gero ba ke gano tsutsa ɗaya a gona mai faɗi? Shukar ce ke kiransa. A 1990 Ted Turlings da James Tumlinson da Joe Lewis suka nuna a Amurka cewa in tsutsa na cin ganyen masara, yawunta na sa masarar ta saki wani ƙamshi na daban, kuma wata Cotesia na bin wannan ƙamshin. In da reza ka yanki ganyen ba ya yin haka sosai, sai ka shafa yawun tsutsar a wurin. Suna kuma koyo: wadda ta taɓa dacewa a kan wani ƙamshi, gobe shi za ta fara nema.

Haihuwarsu ma da nata. A duk ƙabilar, ƙwan da maniyyi ya shiga mace yake zama, wanda bai shiga ba namiji. Uwar tana ajiye maniyyin a wata 'yar jaka, ita ke buɗewa ko ta rufe, don haka ita ke zaɓen jinsin ɗa. In ta samu babbar tsutsa ta sa mace, ƙarama ta sa namiji. In kuma 'ya'yan a wuri ɗaya za su tashi su auri juna, kamar naka, sai ta yi mata da yawa, maza 'yan kaɗan da za su wadatar. Copidosoma floridanum kuwa ƙwai ɗaya take sawa, ya yi ta rabuwa har ya zama tagwaye fiye da 1,000, wasu daga ciki ba za su taɓa girma ba, sojoji ne masu kashe 'ya'yan wasu da suka shigo tsutsar. Sannan gaba da gabanta, aljani ya taka wuta: akwai ƙananan zanzaron da ba su da abinci sai 'ya'yan wasu ƙananan zanzaro.

Duk wannan ƙwarewa a kan ƙwaro ɗaya ita ta sa suke da amfani ga manomi, kuma babban misalin duniya a ƙasarmu aka fara shi. A farkon shekarun 1970 wani farin ƙwaro mai kama da gari, Phenacoccus manihoti, ya shigo Afirka ta yankin Kwango, ya bazu yana nannaɗe kan rogo, a wasu gonaki asarar ta kai kashi 80 cikin 100. Ya zo ne ba tare da maƙiyansa ba. Aka yi ta neman asalinsa har aka same shi a Faragwai, inda ba wanda ya damu da shi don ƙananan zanzaro sun danne shi. Aka ɗauko ɗaya, Anagyrus lopezi, aka tace shi a Ingila don a tabbatar bai zo da wata cuta ba, cibiyar binciken noma ta IITA ta sake shi a Ibadan a 1981. Daga baya har da jirgin sama aka riƙa watsa shi, ya bazu a ƙasashe fiye da 20, annobar ta kwanta. Hans Herren, ɗan Suwizalan da ya jagoranci aikin, ya samu babbar lambar yabo ta abinci ta duniya a 1995. Manomin rogo bai sayi komai ba, da yawa ma ba su san an yi ba.

Wanda ya fi kusa da mu shi ne na gero. Tsutsar zangarniya, Heliocheilus albipunctella, wadda manoman yankin Maraɗi ke kira murzuna, ita ce ke bin zangarniya tana barin sawu a murɗe kamar an naɗa igiya. Ta zama annoba a Sahel bayan farin shekarun 1970. Tana da maƙiyi ɗan gida, Habrobracon hebetor, daga masu shanye jiki su ci daga waje. Matsalar ita ce rani. Tsutsar na shiga ƙasa ta kwanta har wata damina, shi kuwa ba ya samun abin ci, yawansa ya ragu, kafin ya farfaɗo an riga an yi ɓarnar. Masu bincike na INRAN, cibiyar binciken noma ta Nijar, da Jami'ar Dan Dicko Dankoulodo ta Maraɗi da ICRISAT, cibiyar binciken noma ta ƙasa da ƙasa, irin su Ibrahim Baoua da Malick Ba, suka ce to a ba shi gaba. Ana kiwonsa a ɗaki a kan tsutsar da ke cin hatsin ajiya, Corcyra. In gero ya fara fitar da kai sai a ɗauki 'yar jakar algarara, a zuba gero da ɗan gari, a sa tsutsa 25 da matan Habrobracon biyu da suka riga suka sadu da maza, a ɗaure. Jaka 15 ake kai wa ƙauye, a rataya a bishiya ko jikin rumbu inda ruwa ba zai taɓa ba. Bayan mako ɗaya da 'yan kwanaki sababbi su fara fitowa ta ramukan saƙar jakar su bazu gonaki. Abin da na fi so a dabarar nan shi ne ba ta san iyakar gona ba, wanda ya biya da wanda bai biya ba duk sun amfana. Nan kuma wahalarta take, don sai gari ya haɗa kai ake samun mai biya.

Tsutsar masarar nan da ta shigo Afirka a 2016 ma ba ta tarar da fili babu kowa ba. An samu Telenomus remus, mai bin ƙwanta, a Nijar da Benin da wasu ƙasashe tun kafin kowa ya kawo shi da niyya. A buhun wake kuma, in ka ga wasu ƙananan baƙaƙe masu saurin tsalle da ba su yi kama da ƙwaron wake ba, galibi Dinarmus basalis ne, yana huda ƙwayar waken ya iske tsutsar a ciki. Sai dai kada in yaudare ka: a rumbu ba ya isa shi kaɗai, yakan zo bayan ɓarna ta yi nisa, wani ɗan'uwansa Eupelmus kuma na cin 'ya'yansa. Wake dai buhun PICS mai leda a ciki ko duro mai rufin da iska ba ta shiga ya fi masa.

Maganar feshi kuwa, tsutsar kara tana cikin kara, maganin da ka watsa a ganye da wuya ya iske ta in ta riga ta shige. Wanda ke yawo a kan ganyen yana shinshina, jikinsa ɗan mitsitsi, shi zai fara mutuwa. Na taɓa bin wata gonar wake da aka yi wa feshi sau huɗu a jere, darɓa ta dawo ta fi ta maƙwabcin da bai yi ko sau ɗaya ba. A gonar maƙwabcin, in ka juya ganye, cikin darɓar za ka ga wasu sun kumbura sun bushe sun zama launin ƙasa, wasu da ɗan rami zagayayye a baya kamar an buɗe murfi. Kowace ɗaya ƙaramin zanzaro ne ya fita daga ciki. A wadda aka fesa ban samu ko ɗaya ba. Ban ce kada a taɓa feshi ba, amma a duba gona tukuna, a yi shi lokacin da tsutsa ke ƙarama tana waje, kuma a bar 'yan ciyayi masu fure a kan iyaka, don uwar da ta sha ruwan fure ta fi kwana da yawan ƙwai.

In ka sake samun wani curin, ga abin da zan so ka yi da ɗalibanka. Ku sa a kwalba kamar da, ku ɗiga ɗan ruwan sukari ko zuma a jikin tsumman. In sun fito ku duba da gilashin ƙara girma: masu gajeriyar eriya mata ne, masu doguwa maza, ku ƙirga ku ga wa ya fi yawa. Ku saki mafi yawa, ku jefa biyar ko shida cikin ɗan sifirit, ku rubuta da fensir a takarda ranar da wurin da irin shukar da kamannin tsutsar, ku sa takardar a cikin kwalbar, biro narkewa yake yi. Masu nazarin ƙwari a Samaru ko wata jami'a ta kusa za su iya faɗa muku sunansa, kuma bayanin tsutsar da ya fito daga ciki ya fi ƙwaron kansa daraja a wurinsu. Ƙwanson kuma kada ku zubar da wuri. Ku bar shi ya ƙara mako biyu, don wani lokaci bayan na farko sun gama fita sai ka ga wasu daban, masu wata siffa, sun biyo baya. Waɗannan su ne suka ci 'ya'yan Cotesia a cikin ƙwansonsu.